Amsoshin Tambayoyinku: Ina Harshen Latin Ya Shiga?

Wannan tambaya daga wani ɗalibi ce a Kiru, jihar Kano. Yana so ya san asalin harshen Latin, da ko har yau ana magana da shi.

To malam, Latin harshen Rumawa ne, ya tsiro a yankin Latium da ke tsakiyar Italiya, daularsu ta kai shi har Arewacin Afirka. Bayan rushewar ɓangaren yammacin daular a shekarar 476, Latin ɗin talakawa ya rarrabu, ya haifi Faransanci, Italiyanci, Sifaniyanci, Fotuganci da Romaniyanci. Masana a Turai kuwa suka ci gaba da rubuce-rubuce da shi, kamar yadda malamanmu suka riƙe Larabci.

Yau babu al'ummar da take shan sa a nono, amma fadar Vatican na aiki da shi, lauyoyi da likitoci ma na amfani da kalmominsa. Masana tsirrai na kiran bishiyar kuka Adansonia digitata, sunan Latin da masani Linnaeus ya sa mata a ƙarni na 18.

Haruffan boko ma na Latin ne. Hanns Vischer, wato Ɗan Hausa, ya fitar da ƙa'idojin rubuta Hausa da su a 1912, daga baya aka ƙara ɓ, ɗ da ƙ.

Da fatan ka gamsu.