Kafin ka sayi koso a Habasha

Idan tafiya ta kai ka Adis Ababa ka leƙa kasuwar Markato, za ka iya tarar da busasshen fure mai ja-ja, ɗaure dami-dami. Koso ke nan, furen wata bishiya da ke tsirowa a tsaunukan Habasha da gabashin Afirka, galibi daga tsayin mita 2,000 zuwa sama. Furen macen bishiyar ake cira a shanya, a daka, a jiƙa a ruwa a sha da sassafe don fitar da tsila. Mutanen can sun daɗe suna shansa, saboda cin ɗanyen naman shanu al'adarsu ce, tsila kuwa ta nan take shiga.

Yana aiki, ban musa ba. Amma ina roƙonka kada ka sha. Ba shi da ma'auni tsayayye, kuma idan ya yi yawa yana kawo amai da gudawa mai tsanani, yana taɓa ganin mutum, har rai yakan ɗauka. Mai juna biyu kam kada ta kusance shi.

In kana zargin tsila, je asibiti a duba bayan gida, likita ya rubuta maka praziquantel. Nama kuma a bar shi ya dahu sosai.