Cusa Baƙon Umarni Cikin Manhajar da Ke Aiki

Ya kamata jama'a su sani cewa duk manhajar da aka buɗe, kwamfuta kan keɓe mata fili a cikin ƙwaƙwalwarta, inda take ajiye umarnin da take bi. To, akwai dabarar da ake cusa baƙon umarni cikin wannan fili alhali manhajar tana aiki, sai ta riƙa aiwatar da shi tamkar nata. Wanda ya duba jerin manhajojin da ke gudana ba zai ga sabon suna ba, domin baƙon ya sa rigar mai gida, yana kuma cin moriyar duk izinin da aka ba mai gidan.

Kada a ɗauka dabarar ta ɓarayi ce kaɗai. Da ita manhajojin riga-kafi da yawa suke leƙa cikin sauran manhajoji, da ita kuma masana suke bin sawun kuskure. NVDA, wadda ke karanta wa makafi rubutun allo da murya, takan shigar da wani sashe nata cikin manhajar da ake karantawa. Saboda haka toshe ƙofar ɗungum ba zai yiwu ba.

Amma fa mugaye ma ta nan suke bi. Zeus, wadda aka gano a 2007, takan shiga manhajar buɗe shafukan intanet, ta ƙara wa shafin banki na ainihi gurabe na ƙarya masu neman lambobin sirri. Stuxnet kuwa, da aka bankaɗo a 2010, ta ɓuya cikin amintattun manhajojin Windows, har da na riga-kafi. Daga nan ta jirkita umarnin da ke zuwa na'urorin Siemens a tashar nukiliya ta Natanz a Iran, injinan tace yuraniyam suka riƙa lalacewa, ma'aikata kuwa allo na nuna musu lafiya lau.

A Nijeriya, Dokar Laifuffukan Intanet ta 2015 ta haramta shiga kwamfutar wani ba da izini ba. Ana kira ga jama'a da su riƙa sabunta manhajojinsu, su guji waɗanda ba a san asalinsu ba. In kuwa shafin bankinka ya nemi abin da bai saba nema ba, kamar lambar sirrin katin cirar kuɗi, ka dakata, ka je reshen bankin da kanka.