Darasi na 18: Rafi Mai Ba Da Wutar Lantarki

Jama'a, dukanmu mun san amfanin rafi. Muna sha, muna wanka, muna shayar da dabbobi, muna ban ruwa a fadama. To, yau za mu karanta wani aiki dabam da rafi ya ke yi, watau ba da wutar lantarki.

Ruwa mai gangarowa yana da ƙarfi. Duk wanda ya taɓa ƙetare rafi da damina ya san haka. Wannan ƙarfi shi a ke kamawa a sa shi aiki.

Ga yadda a ke yi. A kan nemi wurin da rafi ya ke faɗowa daga tudu. A can sama sai a gina ɗan gajeren bango a gicciye, a karkato wani kashi na ruwan. Ruwan ya bi ta raga ta ƙarfe, wadda ta ke tare itace da ganye. Daga nan ya shiga wani rami na siminti, inda yashi ya ke kwantawa. Sa'an nan ya shiga babban bututu, ya gangara a guje har ɗakin inji. A ɗakin nan akwai farfela. Ruwa ya buge ta, ta juya, ita kuma ta juya janareta. Janareta ya ba da wuta, waya ta kai ta gari. Ruwan kuwa ya koma rafinsa, bai ragu ba.

Ku lura, wannan ba irin madatsar Kainji ba ce, wadda aka gama a 1968. A can an tare Kogin Kwara, ruwa ya zama tafki, har tsohon garin Busa ya nutse, aka tashi mutane. Ƙaramar tasha ba ta tara ruwa mai yawa, saboda haka ba ta cinye gonaki.

Wutar ruwa ta daɗe a ƙasarmu. A 1923 masu haƙar kuza suka kafa tasha a Kwall, kusa da Jos, mai ƙarfin kilowat 2,000. A 1929 kuma kamfanin NESCO ya soma aiki da tasharsa ta Kurra. Duwatsun ƙasar Jos su suka sa abin ya yiwu.

Abu biyu ke ƙaddara yawan wutar: yawan ruwa, da tsawon gangaren. Bari mu yi lissafi. In duro ɗaya na ruwa, watau lita 200, yana faɗowa mita 10 kowace daƙiƙa, za a sami wajen kilowat 14. Kilowat ɗaya wat 1,000 ne. Ashe wutar nan ta isa ƙwan fitila 1,400 masu wat 10. Ko kuwa a kunna injin niƙa da rana, da dare ɗakin shan magani ya sami haske. Ba a sayen mai ko kwalba ɗaya.

Amma fa akwai wuyarta. Da yake ba ta da tafki, in rafi ya ja baya da rani, wuta ma ta ragu. In ya ƙafe, ta ɗauke. Don haka ba kowane gari ta dace da shi ba. Kafin jama'a su tara kuɗi, sai ma'aikata sun auna rafin a watan Maris da Afrilu, lokacin da ruwa ya fi ƙaranci.

Inda aka samu kuwa, kiyaye ta aikinmu ne. Kada mu sare itatuwan bakin rafi. Kada mu yi noma har gaɓa, gama ruwan sama zai kwashe ƙasa, yashi kuwa yana cin farfela. A share raga kullum. A hana yara iyo kusa da bakin bututu. Kada kowa ya taɓa wayar da ta faɗi, sai a gaya wa mai kula da inji nan da nan. Kowane gida kuma ya biya kuɗin wata, don a sami na gyara.

Tambayoyi
1. Mene ne aikin raga ta ƙarfe?
2. Don me a ke auna rafi da rani?
3. Kilowat 5 zai kunna ƙwai nawa masu wat 10?

Ku rubuta waɗannan: rafi, bututu, farfela, lantarki.