Darasin Lissafi: Ƙwaya Nawa Za A Zuba A Rami?

Darasinmu na wannan fitowa a kan lissafin yiwuwa ne, wato auna dacewa da rashin dacewa idan aka maimaita abu ɗaya sau da yawa. Gona za mu tafi da shi, domin ramin da bai tsira ba asarar hatsi ne da kaka.

Da farko ka gwada irinka. Ƙirga ƙwayar dawa 100, ka naɗe a jiƙaƙƙen tsumma, ka riƙa yayyafa ruwa har mako guda. A ce 80 sun tsira. Ke nan kowace ƙwaya tana da yiwuwar tsira 8/10, ta rashin tsira kuma 2/10.

To, ka zuba ƙwaya uku a rami. Ƙa'idar ita ce ka ninka yiwuwar kowace ƙwaya da ta 'yar'uwarta.

Duka ukun su tsira: 8/10 × 8/10 × 8/10 = 512/1000.

Duka su ƙi: 2/10 × 2/10 × 2/10 = 8/1000.

Biyu su tsira, ɗaya ta ƙi: 8/10 × 8/10 × 2/10 = 128/1000. Amma tsaya! Wadda ta ƙi ɗin tana iya zama ta farko, ko ta biyu, ko ta uku. Hanya uku ke nan, sai ka ninka da 3, ka sami 384/1000.

Ɗaya tak ta tsira: 3 × 32/1000 = 96/1000.

Tara su ka gani: 512 + 384 + 96 + 8 = 1000 cif. Idan naka bai cika ba, koma ka duba.

Me wannan ya nuna mana? A cikin rami 1,000, kimanin 8 ne kawai za su zama wayam. Da ƙwaya ɗai-ɗai aka zuba, da 200 ne. Idan kuwa irin ya tsufa, rabi kawai ke tsira, ƙwaya uku za su bar rami 125 babu komai. Ka ga amfanin gwaji kafin ruwan shuka ya sauka.

Adadin hanyoyin nan, 1, 3, 3, 1, layi ne a cikin alwatikar lambobi da ake kira da sunan Pascal na Faransa. Tun kimanin shekara ta 1000 miladiyya Al-Karaji, masanin lissafi a Bagadaza, ya san ta. Shi kuma lissafin maimaita gwaji, Jacob Bernoulli na birnin Basel a Suwizalan ne ya tsara shi, a littafinsa da aka buga a 1713.

Sai dai a kula, akwai sharaɗi: dole ya zama makomar wannan ƙwaya ba ta rataya da ta waccan ba. Idan ruwa ya ɗauke bayan shuka, duk ramin ne zai mutu tare, lissafinmu bai hau nan ba.

Ga aikin gida: idan ƙwaya huɗu aka zuba, da iri mai 8/10, rami nawa ne za su zama wayam a cikin 10,000? Layinta a alwatika shi ne 1, 4, 6, 4, 1. Yi amfani da shi ka nemo yiwuwar biyu su tsira, biyu su ƙi. Ku yi tare da Baba ko Yaya, ku kawo wa malamin aji. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.