Kyanwa Marar Uwargijiya a Birnin Kano: Annoba da Matsalar Ƙayyade Yaɗuwarta

1.0 Gabatarwa

Bahaushe ya daɗe da kyanwa, har ya yi mata kirari da "mage mai kwanciyar ɗaukar rai". Musulunci ya ƙara mata martaba, domin hadisi ya zo da azabar matar da ta tsare kyanwa har ta mutu. Saboda haka kashe ta abin ƙyama ne. Wannan maƙala ta dubi yadda cutar fanlukofeniya ke dagula ƙoƙarin ƙayyade kyanwoyin da ba su da mai su a cikin ganuwa.

2.0 Muhallin Kyanwa a Cikin Birni

A unguwanni irin su Jakara da Mandawari da Yakasai gidaje manne suke da juna. Kyanwa kan bi katanga, ta ci a wannan gida, ta haihu a wancan. Kasuwar Kurmi, wadda aka kafa zamanin Sarki Muhammadu Rumfa (1463-1499), tana da rumbuna da ɓeraye da bola. Don haka da wuya a tantance kyanwar gida da ta titi, balle a san wanda nauyin rigakafinta ke kansa.

3.0 Cutar da Tasirinta

Ƙwayar cutar tana yaɗuwa ta kashi da amai da kwanon abinci, kuma takan rayu har shekara guda a ƙasa. Tana karya garkuwar jiki, ta kawo zazzaɓi da gudawa, kuma 'ya'yan kyanwa ta fi kashewa. Ba ta kama mutum.

Hanyar da ta dace da al'adarmu ita ce a kama kyanwa, a hana ta haihuwa ta hanyar tiyata, a mayar da ita. Sai dai tarko ko kejin da ba a wanke da sinadarin kulorin ba shi ne zai kai cutar ga masu lafiya.

Annoba kuma ba ta zama magani. A tsibirin Mariyon na Afirka ta Kudu an saki cutar da gangan a 1977, lokacin da kyanwoyi suka haura 3,000. Sun ragu ƙwarai, amma waɗanda suka tsira sun ci gaba da haihuwa, sai da aka haɗa da harbi da tarko kafin a gama da su a 1991. Kano kuwa ba tsibiri ba ce: muddin bola na nan, wasu za su cike gurbin. Kafin su cike shi, ɓera ne zai samu sarari, alhali wani nau'insa ke ɗauke da zazzaɓin Lasa.

4.0 Kammalawa

Dole rigakafi ya tafi tare da tiyata da kwashe shara. Aikin manazarta Hausa shi ne samar wa cutar sunan da jama'a za su gane, domin masu unguwanni da limamai su iya faɗakarwa a kanta.