Wajibcin Ƙaro Ilmi Ga Alƙali Da Lauya Da Ɗan Sanda

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jin ƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa. Bayan haka, darasin wannan mako ya shafi mutum uku waɗanda haƙƙoƙin bayin Allah ke bi ta hannunsu, wato ɗan sanda mai kamu, da lauya mai kariya, da alƙali mai yanke hukunci.

Abu Dawuda da Tirmizi sun ruwaito hadisi daga Buraida, Allah Ya yarda da shi, wanda ya kasa alƙalai kashi uku. Mai tsira ɗaya ne, shi ne wanda ya san gaskiya kuma ya yi hukunci da ita. Sauran biyun 'yan wuta ne: wanda ya san gaskiya ya take ta, da wanda ya yi wa mutane hukunci bisa jahilci. Abin lura, shi na ƙarshen ba a ce ya ci hanci ba, amma duk da haka makomarsu ɗaya da azzalumi. Ashe kyakkyawar niyya kaɗai ba ta kuɓutar da mai riƙe da haƙƙin wani.

Ilmin nan kuwa ba ya ƙarewa ran da aka karɓi takardar shaida. A wasiƙar da Sayyidina Umar ya aika wa Abu Musa al-Ash'ari, ya hore shi da cewa kada hukuncin da ya yanke jiya ya hana shi komawa ga gaskiya in ta bayyana gare shi yau. To, yaya gaskiya za ta bayyana ga wanda ya rufe littafi? Alƙalin da ya ƙware a Tuhfa da Muhtasar, yau ana kawo masa ƙarar damfara ta intanet da kuɗin da aka tura ta waya. Malaman fiƙihu kuwa sun tabbatar ba a hukunta abu sai an san yadda yake.

Magabatan ƙasar nan ba su yi sakaci da wannan ba. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya wallafa Liya'ul Hukkami a Kano don shiryar da masu hukunci. A 1934 aka buɗe Makarantar Shari'a ta Kano, aka ɗauko malamai daga Sudan. Da sabuwar dokar laifuffuka ta Jihar Arewa ta fara aiki a 1960, alƙalai masu furfura suka koma aji a Zariya don su koye ta. A 1991 aka kafa Cibiyar Horar da Alƙalai ta Ƙasa, wadda ke Abuja.

Amma hukuma kaɗai ba ta iya ɗaukar wannan nauyi. Shi ya sa ƙungiyoyin da ba riba suke nema ba suka shigo. Ƙungiyar Lauyoyi ta Nijeriya tana shirya wa 'ya'yanta kwasa-kwasai, gidauniyar CLEEN kuma, wadda aka kafa a 1998, tana aikin kyautata halayen 'yan sanda. Ga misalin amfanin haka: dokar shari'ar laifuffuka ta 2015 ta haramta kama wani a madadin wanda ake tuhuma. Ɗan sandan da bai ji wannan ba, sai ya tsare uba saboda laifin ɗansa, ya saɓa wa doka, ya kuma saɓa wa Alƙur'ani, wanda ya tabbatar babu mai ɗaukar laifin wani.

Saboda haka wajibi ne mai halartar irin wannan kos ya gyara niyyarsa, kada kuɗin guzuri ya zama shi ne abin nemansa. Mawadata kuma su sani taimakon waɗannan ƙungiyoyi yana cikin yaɗa ilmi mai amfani, wanda ladansa ba ya yankewa da mutuwa, domin kowane marayan da aka tsare wa gadonsa yana cikin masu cin moriyarsa.

Allah Ya shiryi masu hukunci, Ya tsare talakawa daga hukuncin jahilci, amin.