Yadda Ake Kwance Bindigar Farauta Mai Ɗura Kanta Don A Wanke Ta

Bindigar farauta mai ɗura kanta ita ce wadda in ka ja kunama ta fitar da harsashi ɗaya, sai ta tofar da kwanson, ta ɗauko wani ta shirya, ba tare da ka sa mata hannu ba. Tana da daɗin harbi, amma ta fi mai baki ɗaya ko mai baki biyu son kulawa, domin kayan da ke motsi a cikinta sun fi yawa. Za mu yi misali da Remington 1100, wadda kamfanin Remington na Amurka ya fitar a 1963, aka yi shekaru ana ƙera ta a garin Iliyon na jihar Niyok, har aka sayar da miliyoyi ga maharban agwagin ruwa da masu gasar harbin faifan yumɓu. Wanda ya iya kwance ta, ƙanwarta 11-87 da ta fito a 1987 ba za ta ba shi wahala ba. Mai karatu a Najeriya ya sani cewa dokar makamai ta 1959 ba ta sa irin wannan bindiga cikin jerin waɗanda ake mallaka da lasisin Sufeto Janar na 'yan sanda ba. Matakinta ya fi haka tsanani, saboda haka wannan bayani na wanda doka ta ba izinin riƙe ta ne.

Abin da ke faruwa a cikinta

Kafin ka kwance abu, ka san yadda yake aiki. A ƙarƙashin dogon bututun bindigar, wajen tsakiyarsa, akwai wani zoben ƙarfe mai kauri da aka like. A cikinsa akwai 'yan ƙananan huji, biyu a yawancin masu lamba 12 da ke cin harsashi mai tsawon milimita 70, ɗaya a ƙirar magnum. Idan aka harba, wani kaso na hayaƙin albarushi kan bi ta hujin nan ya bugi fistin, fistin ya tura wani kwaroron ƙarfe mai sanduna biyu baya, sandunan su ja sakata. Sakata na ja da baya sai ta fizge kwanso ta jefar, sannan dogon sifirin da ke ɓoye cikin gindin bindigar ya maido ta gaba da sabon harsashi.

Ke nan da hayaƙinta take aiki, kuma hayaƙin nan shi ne ke kashe mata ƙarfi. Duk harbi sai ya bar baƙin gawayi a kan fistin da cikin huji. Idan ya taru ya ƙeƙashe, sakata ba ta kai ƙarshen tafiyarta, sai ka ga kwanso ya maƙale a tagar da yake fita, ko ta rufe babu harsashi. Mutane da yawa kan ɗauka ƙarin mai ne magani. Mai kuwa in ya haɗu da zafi da gawayi, kwaɓaɓɓiyar laka yake zama. Abin da wannan sashe ke so shi ne a kankare shi fes, a bar shi kusan a bushe.

Kayan aiki

Ka tanadi sandar wanke bututu da buroshin tagulla daidai lambar bindigar, da yankakkun ƙyallen auduga, da ruwan wanke bindiga mai narkar da gawayi, da man bindiga mara kauri. Ka ƙara da tsohon buroshin haƙori, soson ƙarfe mafi laushi, siririyar waya, 'yar ƙaramar guduma ta roba, da ɗan tsinken tagulla ko na katako na tura ƙusa. Ka sa tabarau mai kare ido, domin akwai sifirin a matse. Ka shimfiɗa tsohon zane a kan tebur mai haske, a wurin da iska ke shiga, kuma kada ƙwayar harsashi ko ɗaya ta kasance a ɗakin.

Mataki na farko: a tabbatar babu harsashi

Wannan mataki ba a tsallake shi, ko da kai ne ka ajiye bindigar jiya da hannunka. Ka juya bakinta inda babu mutum, babu dabba, babu bangon da wani ke bayansa. Ka danna maɓallin tsaro da ke bayan kunama har jan zanen da ke jikinsa ya ɓace. Yatsanka na nesa da kunama, ka ja hannun sakata baya, ka maimaita har komai ya daina fitowa kuma sakata ta tsaya a buɗe. Daga nan ka leƙa wurare uku da ido, ka kuma taɓa da yatsa: mazaunin harsashi a gindin bututu, faranti mai ɗaga harsashi, da bakin rumbun harsashi da ke ƙasa, wanda ke ɗaukar guda huɗu. Sau da yawa a rumbun nan ne harsashi ɗaya ke laɓewa.

Mataki na biyu: bututu da kayan hayaƙi

Sakata na a buɗe, ka murɗe murfin da ke kan rumbu ta gaba ka cire. Ka zare katakon gaba a hankali, domin bakinsa na baya siriri ne kuma yana saurin tsagewa. Ka riƙe bututu ka ja shi gaba, zai fito daga uwar jiki ba gardama.

Yanzu bututun rumbu ya bayyana, da abubuwa uku a jikinsa. Daga gaba akwai siririn zoben roba zaune cikin wani ɗan kwari, bayansa fistin, bayan fistin kuma zoben ƙarfen da ke toshe masa hayaƙi. A sababbin ƙira waɗannan ƙarafa biyu a harɗe suke kamar abu ɗaya. Kafin ka taɓa su ka ɗauki hotonsu da waya, domin kowanne yana da fuskar da yake kallo, kuma in aka juya ɗaya bindigar za ta harba amma ba za ta ɗura ba. Ka murzo zoben robar da yatsu, kada ka sa wuƙa ko allura, sannan ka zare sauran.

Mataki na uku: sakata da kunama

Ka riƙe hannun sakata gam, ka danna harshen da ke ƙasa wanda ke sakin ta, ka raka ta gaba sannu a hankali. Kada ka bari ta ruga da kanta, domin tunda babu bututun da zai tare ta, hannun zai daki bakin taga ya yi masa lahani. Sai ka fizge hannun waje, ba a murɗa shi. Ka ɗaga farantin sama, ka sa yatsa ta ƙasa ka danne maƙalin da ke tare harsashi a bangon ciki, sannan ka jawo kwaroron da sandunansa gaba. Sakata za ta biyo su, a zaune take kawai a kai, sai ka ɗauke ta.

Gidan kunama ƙusoshi biyu ne ke riƙe da shi. Ka tura su da tsinken tagulla, ka ɗaga bayansa ka zaro. Kada ka ja kunama yana waje, domin gudumar da ke cikinsa za ta faɗi babu abin da zai tare ta. Abu na ƙarshe shi ne wani ƙarfe mai wutsiya da ke haɗa sakata da sifirin ɗin gindi, sai ka zamo da shi gaba ka fitar. A nan ka kiyaye hannunka ƙwarai: gogayyar shekaru kan wasa gefen layukan cikin uwar jiki har su yi kaifi kamar aska. Ka naɗa ƙyalle a kan tsinke ka share, kada ka cusa yatsa.

Mataki na huɗu: wanki

Ka fara da bututu. Ka jiƙa ƙyalle da ruwan wanki ka tura daga gindi zuwa baki, ka bar shi ya jiƙa na 'yan mintuna. Ka bi da buroshin tagulla sau da dama, sannan busassun ƙyalle har sai na ƙarshe ya fito fari. Ka ɗaga bututun ka hango haske ta ciki. In ka ga dogayen zane masu duhu kusa da mazaunin harsashi, ragowar dalma ce da robar da ke riƙe ƙwayoyin harsashi, sai ka sake bi da buroshi. In bakin bututun yana da matsi mai murɗawa, ka kwance shi da mabuɗinsa, ka wanke zaren, ka shafa ɗan giris ka mayar. In aka bar shi shekara da shekaru tsatsa kan kama shi ya ƙi fita, kuma ba a harbi ba tare da shi ba, domin zaren zai lalace.

Sai zoben ƙarfen nan na ƙarƙashin bututu, inda ainihin aikin yake. Ka goge cikinsa da buroshi har ƙarfe ya fito, sannan ka zura siririyar waya cikin kowane huji, bin karkatarsa, har ka hango kanta ya leƙo cikin bututu. Kada ka sa abin huda ƙarfe. In hujin ya ƙara faɗi ko kaɗan, hayaƙi zai yi yawa, sakata ta riƙa dukan uwar jiki da ƙarfin da ba a ƙera ta don shi ba.

Bututun rumbu ta waje za ka same shi da baƙin tabo mai ƙyalli daidai inda fistin ke kai da komo. Ka ɗiga ruwan wanki, ka murza da soson ƙarfe mai laushi har yatsa ya bi ta kai sumul. Haka za ka yi wa fistin da zobensa. Zoben roba kuwa busasshen ƙyalle ya ishe shi, domin wasu ruwan wankin na cin roba. Ka ɗan ja shi ka duba. In ya tsage, ko ya baje, ko ya yi tauri, ka sake sabo. Kuɗinsa kaɗan ne, amma yana daga cikin abubuwan da suka fi hana wannan bindiga ɗurawa, shi ya sa maharban Amurka da dama ba sa rabuwa da na ajiya cikin jakarsu.

Ka goge fuskar sakata da ƙarƙashin ƙugiyar da ke fizgo kwanso da buroshin haƙori, ka danna allurar da ke bugun harsashi ta baya ka ga tana komawa da kanta. Gidan kunama ba a wargaza shi a gida. A goge da buroshi, a ɗiga mai kaɗan a maharɗai, a share saura. In wani abu ya karye a ciki, aikin gwanin gyaran bindiga ne.

Sifirin ɗin gindi ba ya bukatar a buɗe shi kowane wanki. Amma wanda ke shiga fadama da bindigarsa, ko ruwan sama ya dake ta, ya kamata ya cire katakon gindi ya duba shi aƙalla sau ɗaya a shekara, domin ruwa kan kwanta a can ya ci shi ba a sani ba. Haka ma sifirin ɗin rumbu. In ka cire abin da ke danne shi, ka rufe da tafin hannu don kada ya yi tsalle. Kana iya tarar da wani ɗan sanda na roba ko katako a ciki. Wannan toshi ne da dokar Amurka ta wajabta wa masu harbin tsuntsayen ƙaura, don kada bindiga ta ɗauki fiye da harsashi uku.

Mataki na biyar: mai da haɗawa

Ka ɗiga mai a kan ƙyalle, da ƙyallen za ka shafi sandunan, da gefen sakata, da layukan uwar jiki, da jikin bututu ta waje. In ka taɓa ka ga mai ya kwanta a yatsanka, ya yi yawa. Bututun rumbu da fistin a shafa musu kaɗan a sake gogewa. A inda ƙura ke tashi a ƙara rage mai, a inda damshi ya yi yawa a ƙara kula da ƙarfen waje.

Haɗawa bin sawu ne daga ƙarshe zuwa farko. Ƙarfe mai wutsiya ya fara shiga, ka tabbata wutsiyar ta zauna cikin ƙoƙon sifirin. Gidan kunama ya biyo, gudumarsa a ɗane, ka mayar da ƙusoshi. Ka ɗora sakata a kan sanduna, ka danne maƙali ka tura su ciki, ka soka hannun sakata, ka ja ta baya ta tsaya. Ka jera zobba bisa hoton da ka ɗauka, ka sa bututu ya shige har ƙarshe, ka sa katako, ka ɗaure murfi da hannu tamau. Duk inda abu ya ƙi shiga, ka tsaya ka duba, kada ka sa ƙarfi.

Kafin ka ajiye, ka gwada ta babu harsashi, bakinta na kallon wuri mara haɗari. Ka ja sakata ka saki, ka ji tana tafiya ba cijewa. Da maɓallin tsaro a danne, kunama ba za ta motsa ba. Ka leƙa bututu ka tabbata ba ka manta ƙyalle a ciki ba, domin toshi kowane iri na iya fasa bututu a harbin farko. Sannan ka kulle ta inda yara ba sa kaiwa, bakinta ƙasa don kada mai ya gangara ya jiƙa katako, harsasai kuma a wani makullin dabam. Ka wanke hannu da sabulu kafin ka ci abinci, domin baƙin nan da ya shafe ka akwai dalma a cikinsa. Ka mayar da wannan aiki al'ada bayan kowace fita harbi, ko da sau biyu kacal ka ja kunama.